Matar da Ke Zaune a Kan Gadon Lantana

Lantana 'yar kawuna ce, wato taubashiyata, kuma tun muna 'yan mata ba mu taɓa haɗuwa mun rabu ban tsokane ta ba. Ni ce Zalika, ungozomar Gangara, aikin da na gada wurin kakata. Mutanen garinmu sun ce bakina ya yi yawa, ban musa ba. Amma abin da zan faɗa a kan Lantana, mafi yawansa da idona na gani, sauran kuma daga bakinta na ji.

Uwar Aro nake ce mata. Duk ƙasarmu ta Damargu ban san macen da ta kai ta ba da aron kaya ba. Turmi, taɓarya, tukunyar suna, fitila, tabarmar baƙi, har kazarta mai kwanci sai da wata ta ara ta ƙyanƙyashe mata ƙwan zabi. Ki shiga gidanta da hantsi sai ki tarar tana daka a turmin maƙwabta, don nata yana can wata unguwa. In na yi mata faɗa sai ta yi dariya ta ce, "To Zalika, turmin nan in yana ajiye ƙiba zai yi?" Haushi ya kama ni in fita, gobe kuma in dawo aron rariya.

Uwarta ta rasu tana ƙarama, ta bar mata abu biyu: zanen saƙi baƙi mai jan baki, da munduwar azurfa wadda ta lotsa gefe ɗaya inda jaki ya taɓa take ta. Duk amaryar da iyayenta ba su da hali, a cikin wannan zane da wannan munduwa ake kai ta ɗaki. Ba na jin na yi ƙarya in na ce rabin matan Gangara sun ɗaura zanen nan. Ni ma na ɗaura.

Sana'arta ƙuli-ƙuli da man gyaɗa. Da ribar take sayen kwanuka ɗaya bayan ɗaya a kasuwar Tanut, har ta cika bango da jere daga ƙasa zuwa rufi. A tsakiyar jeren ta rataye wani faifai mai ja da kore da ta saƙa da hannunta, ga gadon ƙarfe a gefe an tara masa shimfiɗu. Babu ɗakin da ya kai nata a garin, shi ya sa in baƙuwa ta zo wadda ake jin nauyinta, Maigari wurin Lantana yake aikawa a sauke ta.

Mijinta Yahuza baduku ne, yana ɗinka guga da salkar ruwa yana sayar wa makiyaya ranar kasuwa. Mutum ne mai shiru, amma in ransa ya ɓaci ba ya jin kira. Sun daɗe tare Allah bai ba su haihuwa ba. Danginsa sun yi magana har sun gaji, shi dai ya ce abin na Allah ne. Lantana kuwa babu saiwar da ba ta sha ba, babu malamin da bai yi mata rubutu ba. Ni shaida ce, don wasu saiwoyin ni na haƙo mata.

Sai a shekarar yunwa ciki ya zo, shekarar da soja suka karɓi mulki. Dabbobi sun mutu a arewa, babu mai sayen guga, gero ya ƙare a rumbu. Makiyayan da suka rasa komai suka gangaro suka kafa 'yan bukkokin tabarma a bayan gari suna jiran rabon hatsi. A cikin wannan hali Lantana ta kira ni ta ce in duba ta. Da na ce mata ciki ne, Yahuza da ke bakin ƙofa sai da ya zauna a ƙasa. Bai yi sati ba ya ɗauki buhunsa ya nufi Kano, ya ce ba zai zauna yana kallo mai ɗauke da ɗansa tana cin ganye ba.

Cikin bai zauna ba. Yana wata huɗu jini ya ɓalle. Na kwantar da ita, na ɗaga mata ƙafafu a kan turmi, na ɗaura mata laya a ƙugu, ta sha rubutu har cikinta ya ƙi karɓa. Ko juyi ba ta yarda ta yi, ta riƙe mararta da hannu biyu tana cewa, "Ka zauna, don Allah ka zauna, babanka na hanya." Bai zauna ba. Ni na naɗe abin da ya fita a tsumma na binne a bayan ɗaki. Na ga ɓari da yawa a aikina, amma ban taɓa ganin macen da ta yi kokawa da shi kamar Lantana ba.

Da ta ɗan warware na tafi Belbeji jinyar yayata. Da na dawo na ji labarin wai wata Anasara ta zo da na'urar ɗaukar hoto, tare da tafinta ɗan birni, sun zagaya bukkokin 'yan yunwa, kuma a gidan Lantana suka sauka suka sha fura. Ba wanda ya damu. A lokacin Anasaru masu ɗaukar hoton yunwa sun fi ƙuda yawa. Yahuza ya dawo da damina da ɗan hatsinsa da rigar jariri da ya saya a Kano, ya tarar babu. Ya yi kuka, ya haƙura, suka ci gaba da zamansu. Cikin bai sake zuwa ba.

Shekara takwas ko tara bayan haka aka kira mu horo a Tanut. A lokacin kowane gari ana ɗaukar ungozoma da namiji ɗaya mai riƙe akwatin magani, a koya musu tsabta da abin da ya kamata a aika asibiti. Daga Gangara ni ce da Ɗan Azumi, ƙanen Yahuza uwa ɗaya uba ɗaya. Akwai mutanen Tarka, da na Tenhya, da na ƙauyukan da ke kewaye da mu, waɗanda duk ranar kasuwa muke haɗuwa.

Rana ta ƙarshe majo, wato babban ma'aikacin asibitin da ke koya mana, ya ce an aiko da majigi daga babban birni, zai nuna mana ɗaya a kan zubar da ciki don mu san haɗarinsa. Da rana tsaka aka toshe tagogi da barguna, aka tayar da inji, aka kafa farin ƙyalle a bango. Maganar cikin majigin Faransanci ce, majo ya tsaya a gefe yana mayar mana da Hausa.

Da farko garuruwan Turai aka nuna. Mata cike da titi ɗauke da alluna suna ihu, wasu na cewa a bar mace ta zubar in ta ga dama, wasu na ɗaga hoton jarirai suna cewa kisan kai ne. Aka nuna limamin coci, aka nuna likita, kowa na faɗin nasa. Mu dai dariyar wandunan matan muke yi. Sai hoto ya juya, ga fili fetal, ga gawar shanu, ga bukkokin tabarma. Dariya ta ɗauke, don kowa ya gane yunwarmu ce. Daga nan sai ga ɗaki.

Kallo ɗaya na yi na gane shi. Jere ne daga ƙasa zuwa rufi, ga faifai mai ja da kore a tsakiya. Ga gadon ƙarfe. A bakin gadon mace na zaune ta ba mu baya, ta rufe kanta da mayafi, ba a ganin fuskarta ko kaɗan. Amma zanen saƙi ne a jikinta, baƙi mai jan baki, kuma da ta ɗaga hannu ta gyara mayafin, munduwa ta zamo zuwa gwiwar hannunta, lotsattsen gefen yana kallonmu. Muryarta ba ta fita, an ɗora muryar wata Anasara a kai.

Majo bai san komai ba, ya ci gaba da aikinsa. "Ta ce shekarar yunwa ce. Ta ce mijinta ya tafi Kano neman abinci. Ta ce ta ga tana da ciki, ta nemi magani ta sha da hannunta, ya fita. Ta ce har yau mijin bai sani ba, an ce masa ɓari ne."

Daga bencin maza na ji muryar Ɗan Azumi. Bai ɗaga ta ba, amma ɗakin ya yi tsit, kowa ya ji.

"Inna lillahi. Wannan ai ɗakin matar yayana ne."

Na miƙe na ce ƙarya ne, ba ita ba ce. Wata ungozomar ƙauyen kusa da mu ta ja zanena ta ce, "Zauna Zalika, ni ma a zanen nan aka kai ni." Majo ya kashe inji, yana rantsuwa bai sani ba, babu sunan gari a jikin akwatin majigin. Na yarda bai sani ba. Waɗanda suka ɗauki hoton su ma a ganinsu sun rufa wa matar asiri, tunda sun ɓoye fuska sun danne murya. Ba su san mu nan ko da duhu mace ta wuce muna gane ta da ƙarar munduwarta ba, balle a haska mana ɗakinta gaba ɗaya a bango.

A cikin motar da ta mayar da mu gida na roƙi Ɗan Azumi kamar in yi masa sujada. Na ce ni na yi jinyar ɓarin nan, na san abin da na gani. Ya ce, "Zalika, kin ga fitarsa, kin ga abin da ta sha kafin a kira ki?" Na zage shi tas, bai rama ba. Ya ce shi dai ba zai iya sa hannu a akushi ɗaya da yayansa yana ɓoye masa wannan ba. Ko da ya yi shiru ma aikin banza ne, mutanen gari nawa ne suka gani. Kafin kasuwa ta zagayo magana ta gama Gangara.

Ina sauka ban ko shiga gidana ba, na wuce wurin Lantana. Na tarar tana matsar ƙuli. Na faɗa mata duk abin da aka nuna. Hannunta ya tsaya a cikin turmi, mai yana gangarowa ta yatsunta. Can ta ce, "Sun ce fa a ƙasarsu kaɗai za a nuna."

Na ce, "Lantana, ke ce?"

Ta dube ni, kallon da har yau in na tuna nake jin kunya. "Ke da kika ɗaga mini ƙafa a kan turmi kike tambayata?"

Sai ta ba ni labari. Wadda aka nuna a majigin wata mata ce daga cikin 'yan bukkokin bayan gari. Ciki ya shige ta tana goyon jaririya, abin da muke kira kwanika, ga yunwa, nono ya fara ƙafewa, jaririyar ta fara zawo tana ramewa. Mijinta shi ma ya tafi Kano gadi. Ta duba ta ga in ta bar cikin, ta hannu za ta mutu, na cikin ma ba tabbas. Ta sha abin da ta sha. Da Anasarar nan ta zo tana neman matan da za su yi magana a kan irin wannan, matar ta yarda, ƙila don abin ya yi mata nauyi ne ba ta da wanda za ta faɗa wa. Amma ba za ta yi magana a bukka ba, dangin mijinta na jin ko tarinta. Kuma tsumma ne a jikinta. Sai ta zo inda kowa ke zuwa.

"Ta ce mini hoto za a ɗauke ta, in ara mata zane," in ji Lantana. "To mace za a ɗauka hoto a kai wata ƙasa, in bar ta a haka? Na ba ta ruwa ta yi wanka, na ɗaura mata saƙi, na sa mata munduwa, na zaunar da ita a gado inda jere zai fito. Na fita dama wa baƙi fura. Ban san abin da za ta ce ba sai bayan sun tafi, ta kama ƙafata ta faɗa mini, ta sa na rantse da Alƙur'ani."

Na ce to maganar jaririyar fa, ai majo bai faɗa ba. Da an ji tana goyo, kowa ya san ba Lantana ba ce. Ta ce ita dai matar ta ce ta faɗa musu. Wato sun yanke. Sun ɗauki abin da zai yi musu amfani a gardamarsu ta can, suka zubar da dalilin da ya sa baiwar Allah ta yi abin da ta yi. Wallahi da na ga Anasarar nan a ranar, da sai an raba mu.

Na ce, "Shi ke nan ai, abu ya yi sauƙi. Wace ce?"

"Ba zan faɗa ba."

"Ta koma arewa ne? Ta mutu?"

"Tana nan garin. Ba su koma ba, sun yi gida. Kina gaisawa da ita."

Na yi tsalle na dire, na yi faɗa, na yi kuka, na ce mata sakarya, na ce wannan ba kirki ba ne, ciwo ne. Ta ci gaba da matsar ƙulinta. Abin da ta ƙara kawai shi ne, "Ni in Yahuza ya kore ni, gidan ubana na nan bayan masallaci. Ita danginta yunwa ta cinye, ba ta da kowa sai mijin nan da 'ya'yanta. Kuma na san halin mijin, ba zai bar ta ba."

Na zagaya gari ina faɗa wa duk wanda ya tsaya cewa aro ne. Na ce ku da kanku kun ɗaura zanen nan, kun sauke baƙinku a ɗakin nan. Wata tsohuwa a bakin rijiya ta ce mini, "Aron zane mun sani, aron ɗaki mun sani. Miji a Kano da ciki da ya fita a shekarar, su ma aro ne?" Kuma kowa ya tuna a gidanta Anasarar ta sauka.

Ba wanda ya zage ta a fuska, da ma sun zage ta da ya fi. Aka yi biki uku a jere ba a aiko aron saƙi ba. Masu ciki suka daina bi ta ƙofarta. Yarinyar da ke yi mata tallar mai, uwarta ta hana. Kayan da ke hannun mutane suka riƙa dawowa ɗaya bayan ɗaya, ana aiko yara su ajiye a zaure su gudu. Ranar da na shiga na ga turminta da taɓaryarta da tukunyar suna duk suna tsakar gida a jere, ban san sanda hawaye ya zubo mini ba. Tun da aka kai ta gidan ban taɓa ganin kayanta sun cika ba.

Duk wannan bai dame ta kamar Yahuza ba. Shi bai yi ihu ba, bai ɗaga hannu ba. Ya saurari ƙanensa, ya saurare ni, ya saurare ta. Sannan ya ce mata, a gabana, "Na yarda aro ne, in kin faɗi sunan. Ba a gaban Zalika ba, a kunnena. Suna ɗaya, Lantana, in kwanta in yi barci."

Ta ce ta rantse.

Ya tafi ya zo da Malam Buba, limamin unguwarmu, dattijo mai sanyin hali. Malam ya zauna a zaure, ita tana daga ciki, ya ce rantsuwar da za ta rushe aure ana iya warware ta, a yi kaffara, a ciyar da miskinai ko a yi azumi, Allah ba ya ƙuntata wa bawansa. Yahuza ya ce shi zai ciyar, ko nawa ne. Ni ina gefe har na fara hamdala a raina, na ce yau dai magana ta ƙare.

Lantana ta ce, "Allah gafarta Malam, na ji. Kaffara za ta wanke ni wurin Allah. Ita kuma wa zai tare mata in magana ta isa gidanta?"

Yahuza ya ce ba zai faɗa wa kowa ba.

Ta ce, "Malam Yahuza, shekara ashirin ina tare da kai. In ka ji sunan yau, gobe kana ƙofar gidan mijinta don ka wanke ni a idon gari. Ba don mugunta ba, don kana sona. Na san ka."

Bai musa ba. Ya tashi ya kakkaɓe rigarsa ya fita. Daga ranar ya daina cin tuwonta, yana ci a gidan ƙanensa, ya mayar da shimfiɗarsa zaure cikin fatu. Bai sake ta ba, bai kuma yi mata magana ba sai gaisuwa.

Ni kuwa na zama kamar mahaukaciya. Duk matar da ta zauna a Gangara tun shekarar yunwa, in na gan ta sai in ƙura mata ido. Sun fi ashirin, duk sun iya Hausa, duk suna da 'ya'ya mata da suka tasa. A bakin rijiya in tsaya ina kallon bayansu, ina auna kafaɗa da wadda na gani a bango. Wadda ta sunkuyar da kai in ce ita ce, wadda ta gaishe ni da fara'a in ce ita ce ta iya munafunci. Har na karɓi haihuwar wasu daga cikinsu ina zarginsu a raina, Allah ya yafe mana. Abin da ya fi ba ni mamaki, tana nan, tana ji, tana gani, tana ɗiban ruwa tare da mu, ta yi shiru. Na faɗa wa Lantana haka, ta ce, "Tsoro ne, Zalika. Ke ba ki taɓa rasa wurin zuwa ba."

A haka azumi ya kama. Lantana ta rame, wuyanta ya fito. Kullum da yamma sai ta dama kunu ta zuba a kwanon Yahuza ta ajiye a bakin zaure, da safe ta ɗauke shi yadda ta ajiye. Ta ce mini ita ba komawarsa ɗaki take nema ba. So take ya dube ta ya ce ya san ba za ta taɓa yi wa ɗansa haka ba, ba tare da an kawo masa shaida ba. Ta ce, "Shi kaɗai. Sauran gari su riƙe nasu."

Ranar Sallah na je gidan da hantsi kai mata tuwo. Ina tsakar gida Yahuza ya dawo daga Idi, da farar rigarsa, Malam Buba na biye da shi. Maimakon ya tsaya a zaure sai ya shigo har ciki. Lantana ta fito daga madafa da sauri tana goge hannu, fuskarta ta yi haske irin wanda na daɗe ban gani ba. Ta durƙusa kamar yadda kowace mace ke yi wa mijinta ranar Sallah, ta ce, "Barka da Sallah, Malam. Abin da na yi maka, wanda na sani da wanda ban sani ba, ka yafe mini."

Magana ce da kowa ke yi, amsarta ma kowa ya sani, a ce ba komai, Allah ya yafe mana baki ɗaya. Yahuza bai ce haka ba. Ya tsaya a kanta, idonsa ya kawo ruwa.

"Na yi wata guda ina roƙon Allah ya sanyaya mini zuciya, kuma ya sanyaya. Yunwa ce, ni kuma na tafi na bar ki ke kaɗai, ina da nawa laifin. Na kira Malam ya zama shaida. Lantana, na yafe miki jinin ɗana, duniya da lahira. Kada wanda ya sake tayar da maganar nan."

Na buɗe baki, Lantana ta ɗago ta dube ni, na rufe. Malam Buba yana ta sa albarka, yana cewa samun namiji mai haƙuri irin wannan sai an tona. Na zuba mata ido ina jira ta miƙe, ta yi kururuwa, ta faɗi sunan nan ko don bakin ciki. Na ga leɓenta ya motsa. Ta daɗe a durƙushe.

Ta ce wa mijinta, "Na gode, Malam. Allah ya saka da alheri."

Yahuza ya sa hannu ya ɗaga ta. Ya ce ta kawo masa abinci, a ɗaki zai ci. Ya fita raka Malam Buba, yana share ido, fuskarsa a sake kamar wanda aka sauke wa kaya.

Na bi ta madafa. Ta ɗauki kwanonsa ta wanke, ta fara kwashe tuwo, malmala ɗaya ta kuɓuce mata ta faɗi a toka. Na ce, "Lantana, kin ji abin da ya ce kuwa? Kin san abin da kika yi wa godiya?"

"Na ji," in ji ta. "Da yana fushi, ina cewa ƙila shakka yake. Yanzu ya tabbata na yi."

Ta zuba miya, ta rufe kwanon da faifai, ta ɗauka ta kai masa.

Yahuza ya ƙara shekara biyar a duniya. Bai taɓa ɗaga mata murya ba, yana lallaɓa ta kamar mai jinya, mutane suna nuna shi suna cewa ga mai yafiya. Ranar da zai cika ina ɗakin. Ya kama hannunta ya ce ta kwantar da hankalinta, in ya je lahira ya tarar da yaron, shi zai roƙar mata gafara a wurinsa.